Malam Aminu Kano: Jagoran talakawa a tsakanin gwamnatocin haɗin gwiwa biyu

Zaɓuɓɓuka biyu ne suka fi yin tasiri a rayuwar siyasar marigayi Malam Aminu Kano, wato na watan Disambar 1959 da na watan Yulin 1979. A dukansu an tashi babu jam'iyyar da ta samu rinjayen da za ta juya majalisar dokokin tarayya ita kaɗai, abin da ya tilasta wa manyan jam'iyyu neman abokan tafiya.

Ƙawancen da aka ƙulla bayan zaɓen farko ya fara tsagewa tun bai je ko'ina ba, ya kuma wargaje a 1964. Na biyun ko shekara biyu bai cika ba. A duka lokutan biyu jam'iyyar Malam Aminu ƙarama ce a majalisa, amma tana cikin waɗanda cinikin kafa gwamnati ya fi yi wa illa.

Asali da karatu

An haifi Muhammadu Aminu Yusufu ranar 9 ga watan Agustan 1920 a unguwar Sudawa da ke cikin birnin Kano. Mahaifinsa, Malam Yusufu, malami ne daga zuriyar Fulanin Gyanawa, waɗanda aka sani da ilimin shari'a, kuma ya yi aiki a kotun Alƙalin Kano.

Aminu ya fara da karatun allo a gida, sannan ya shiga makarantar elamantare ta Shahuci da makarantar Midil ta Kano. Daga nan ya wuce Kwalejin Kaduna, wadda daga baya ta zama Kwalejin Barewa, ya kammala a 1942.

A makarantar Midil ta Bauchi ya fara aikin koyarwa. A can ya tarar da Malam Abubakar Tafawa Ɓalewa yana koyarwa, ya kuma shaƙu da Malam Sa'adu Zungur, wanda ya yi matuƙar tasiri a tunaninsa. Tare suka riƙa halartar zaman muhawara da ake yi a garin, inda matasan ma'aikata ke yi wa hukumar En'e da Turawan mulki tambayoyin da ba a saba jin irinsu ba.

A 1946 ya samu tallafin ƙaro karatu a Cibiyar Nazarin Ilimi ta Jami'ar Landan. Bayan ya dawo ya jagoranci kafa ƙungiyar malaman makaranta ta Arewa, aka kuma tura shi kwalejin horon malamai ta Maru a lardin Sakkwato. A ƙarshen 1950 ya ajiye aikin gwamnati ya rungumi siyasa.

Jam'iyyar Neman Sawaba

A ranar 8 ga watan Agustan 1950 wasu matasa takwas suka kafa jam'iyyar NEPU a Kano, cikinsu har da Abba Maiƙwaru da Magaji Ɗambatta da Mudi Sipikin da Bello Ijumu. Malam Aminu ya zama shugabanta a 1953, ya kuma riƙe ta har zuwa lokacin da soja suka haramta jam'iyyun siyasa a 1966.

Manufar NEPU ita ce rage ƙarfin hukumar En'e da miƙa wa talaka ikon zaɓar masu mulkinsa. A wancan zamani kuwa En'e ce ke riƙe da 'yan doka da kotunan alƙalai da gidajen yari, ita ce kuma ke karɓar haraji da jangali ta hannun hakimai da dagatai da masu unguwanni.

Wannan ya sa shiga NEPU ya fi tsada ga mutumin karkara. Manomin gyaɗa a ƙasar Rano, ko a Kibiya da ke ƙarƙashinta a lokacin, yana zaune ne a hannun dagacin da ke ƙiyasta masa haraji, kuma gaban alƙalin En'e za a kai shi idan aka ce ya yi taro ba izini ko ya zagi hukuma. Jam'iyyar NPC ta Sardaunan Sakkwato, Sir Ahmadu Bello, ta dogara ne da wannan tsari, domin akasarin jiga-jiganta ma'aikatan En'e ne da masu sarauta.

A zaɓen 1951 'yan takarar NEPU sun taka rawar gani a matakin farko a Kano, sai dai zaɓen hawa-hawa ne, kuma En'e na da damar cusa mutanenta a matakin ƙarshe. Ko kujera ɗaya jam'iyyar ba ta samu ba. Malam Aminu ya sha kaye a hannun Malam Yusuf Maitama Sule a zaɓen tarayya na 1954, sannan a hannun Alhaji Ahmadu Ɗantata a zaɓen majalisar Jihar Arewa na 1956.

Jam'iyyar da ba ta da kuɗi, kuma kullum 'ya'yanta na gaban kotu, tana buƙatar lauyoyi da motoci da jaridar da za ta buga kokenta. Saboda haka ne NEPU ta ƙulla ƙawance da jam'iyyar NCNC ta Dokta Nnamdi Azikiwe tun daga 1954.

Zaɓen 1959

An gudanar da zaɓen da zai tantance wanda za a miƙa wa ragamar mulkin kai ranar 12 ga watan Disambar 1959. Kujeru 312 aka yi takara a kansu, 174 daga ciki a Arewa, inda maza ne kaɗai ke da damar jefa ƙuri'a.

NPC ta samu kujeru 134, dukansu a Arewa. NCNC ta samu 81, jam'iyyar AG ta Cif Obafemi Awolowo da ƙawayenta suka samu 73, NEPU ta tashi da 8. Sauran 16 ƙananan jam'iyyu da 'yan takara masu zaman kansu ne suka raba su.

NEPU ta samu ƙuri'u kimanin rabin miliyan, amma da yake a kowace mazaɓa wanda ya zo na ɗaya ne ke ɗauke kujera, mafi yawan ƙuri'un ba su haifar da wakilci ba. Malam Aminu dai ya yi nasara a mazaɓar Kano ta Gabas, karo na farko da ya ci zaɓe.

Duk wanda zai kafa gwamnati yana buƙatar kujeru 157. Ko bayan da wasu 'yan majalisa masu zaman kansu suka koma NPC, adadinta ya tsaya a 148. A ɗaya ɓangaren kuwa, idan aka haɗa kujeru 89 na NCNC da NEPU da 73 na AG, za a samu 162, wato rinjayen da zai iya mayar da NPC jam'iyyar adawa.

Cinikin kafa gwamnati

Cif Awolowo ya nuna a shirye yake ya yi aiki a ƙarƙashin Dokta Azikiwe a matsayin firayim minista. To sai dai akwai tsohuwar jiƙaƙƙa tsakanin mutanen biyu tun daga rikicin majalisar Jihar Yamma da ya biyo bayan zaɓen 1951, lokacin da NCNC ta zargi AG da janye mata 'yan majalisa. Haka kuma Yarbawan da ke cikin NCNC ba su da abokin hamayyar da ya wuce AG a gida.

Akwai kuma fargabar cewa idan jam'iyyun kudu biyu suka haɗa kai suka bar NPC a waje, shugabannin Arewa za su iya juya wa tarayyar baya ana dab da samun 'yancin kai. Kwanaki kaɗan bayan zaɓen, Gwamna Janar Sir James Robertson ya gayyaci Alhaji Abubakar Tafawa Ɓalewa, wanda ke riƙe da muƙamin firayim minista tun 1957, da ya kafa sabuwar gwamnati.

NCNC ta zaɓi tafiya da NPC. Aka raba muƙaman ministoci, NPC ta ɗauki 10, NCNC ta ɗauki 7, ciki har da ma'aikatar kuɗi da ta ci gaba da zama a hannun Cif Festus Okotie-Eboh. Dokta Azikiwe ya zama shugaban majalisar dattawa, sannan Gwamna Janar a watan Nuwambar 1960. Cif Awolowo ya zama jagoran 'yan adawa.

Jam'iyyun biyu dai ba su da wata manufa guda da ta haɗa su. NCNC na kallon kanta a matsayin ta 'yan kishin ƙasa masu son sauyi, NPC kuwa ta masu ra'ayin riƙau ce da ke kare tsarin sarauta da muradun Arewa. Rabon muƙamai da ƙin jinin AG su ne ginshiƙan ƙawancen.

Gwamnati a Legas, adawa a Kano

Wannan shawara ta NCNC ta jefa NEPU cikin tsaka mai wuya. Kusan shekaru goma tana gwabzawa da NPC a kasuwanni da kotunan Arewa, sai ga shi abokiyar ƙawancenta ta jawo ta zama layi ɗaya da NPC a zauren majalisa a Legas.

Babu ɗan NEPU ko ɗaya a cikin ministoci. Malam Aminu ya karɓi muƙami a cikin masu tsawatarwa na ɓangaren gwamnati, aikin da ya ɗora masa nauyin tabbatar da cewa 'yan majalisa sun goyi bayan ƙudurorin gwamnatin tsohon abokin aikinsa na Bauchi. Ya kuma shiga tawagogin da suka wakilci Najeriya a Majalisar Ɗinkin Duniya.

Fatan shugabannin NEPU shi ne zama a inuwa ɗaya da NPC a tarayya zai sa a sassauta wa magoya bayansu a gida. Hakan bai samu ba, domin tsarin mulkin lokacin ya bar sha'anin En'e da kotunanta a hannun gwamnatin Jihar Arewa da ke Kaduna, wadda babu ruwanta da yarjejeniyar Legas. Kamu da ɗauri da tarar 'yan NEPU sun ci gaba kamar yadda aka saba.

Ga talakan da ya sha ɗauri saboda tauraron NEPU, da wuya a fahimtar da shi dalilin da ya sa jagoransa ke tattara wa gwamnatin NPC ƙuri'u a majalisa. Jam'iyyar AG ta yi amfani da wannan wajen nuna cewa ita ce 'yar adawa ta haƙiƙa a Arewa. A zaɓen majalisar Jihar Arewa na watan Mayun 1961, kujera ɗaya tak NEPU ta samu.

Yadda ƙawancen ya wargaje

Cikin shekaru biyu lissafin da aka gina gwamnatin a kansa ya sauya. 'Yan majalisa daga wasu jam'iyyu sun yi ta sauya sheƙa zuwa NPC, sannan a 1961 arewacin Kamaru ya shigo Najeriya a matsayin Lardin Sardauna, ya ƙara mata kujeru. NPC ta wayi gari tana da rinjaye ita kaɗai, ba ta da sauran buƙatar NCNC kamar da.

Rikicin Jihar Yamma ya ɗan tsawaita zaman nasu. Jam'iyyun biyu sun haɗu wajen kafa dokar ta-ɓaci a jihar a watan Mayun 1962, da kuma ɓalle Jihar Yamma ta Tsakiya daga cikinta a 1963, shekarar da aka yanke wa Cif Awolowo hukuncin ɗaurin shekaru goma. Da abokin gabar da ya haɗa su ya raunana, sai suka fuskanci juna.

Ƙidayar jama'a ce ta fasa ƙwan, tun da da ita ake raba kujerun majalisa. An soke ta 1962 saboda taƙaddama. Ta 1963, wadda aka bayyana sakamakonta a watan Fabrairun 1964, ta ba Najeriya mutane miliyan 55.6, Arewa na da miliyan 29.8. Firimiyan Jihar Gabas, Dokta Michael Okpara, wanda ya gaji shugabancin NCNC, ya yi fatali da alƙaluman.

Kafin zaɓen ranar 30 ga watan Disambar 1964, jam'iyyun da ke zaune a majalisar ministoci ɗaya sun ja daga. NPC ta haɗa kai da jam'iyyar NNDP ta Cif Samuel Akintola a ƙawancen NNA. NCNC da AG da NEPU da jam'iyyar UMBC ta Joseph Tarka suka taru a ƙawancen UPGA. A Kano NEPU ta samu ƙarin abokai daga magoya bayan Sarki Muhammadu Sanusi, wanda ya yi murabus a 1963 bayan binciken da gwamnatin Kaduna ta sa aka yi kan kuɗin En'e.

UPGA ta yi zargin an hana 'yan takararta shigar da takardu a mazaɓu da dama, ta kuma yi kiran a ƙaurace wa zaɓen. NPC ta kwashe kujeru 162 cikin 167 na Arewa, Malam Aminu ya rasa tasa. Shugaba Azikiwe ya yi kwanaki bai gayyaci Ɓalewa ya kafa gwamnati ba, har sai da aka sasanta a farkon watan Janairun 1965 bisa sharaɗin kafa gwamnatin da za ta ƙunshi kowane ɓangare. Ita ma shekara guda ta yi, soja suka kifar da ita ranar 15 ga watan Janairun 1966.

Zamanin soja

Wasu daga cikin buƙatun NEPU a hannun soja suka tabbata. A watan Mayun 1967 Yakubu Gowon ya raba ƙasar zuwa jihohi 12, Kano ta zama jiha mai cin gashin kanta. A ƙarshen shekarun 1960 kuma aka karɓe 'yan doka da kotuna da gidajen yari daga hannun En'e.

Malam Aminu ya yi kwamishinan sadarwa na tarayya daga 1967 zuwa 1971, sannan kwamishinan lafiya har zuwa 1974. Ya kuma kasance a majalisar da ta tsara kundin tsarin mulkin 1979.

Da aka ɗage haramcin siyasa a 1978, ya fara zama da manyan 'yan siyasar da suka kafa jam'iyyar NPN, amma bai jima ba ya raba gari da su. Ya kafa jam'iyyar PRP mai alamar mabuɗi, wadda ta tattaro tsofaffin 'yan NEPU da 'yan ƙwadago da matasan malaman jami'a masu ra'ayin gurguzu.

Zaɓen 1979

Jam'iyyu biyar hukumar zaɓe ta FEDECO ta yi wa rajista, kuma a wannan karo matan Arewa sun jefa ƙuri'a a zaɓen tarayya, abin da NEPU ta daɗe tana fafutuka a kai.

A majalisar dattawa mai kujeru 95, NPN ta samu 36, UPN ta Cif Awolowo 28, NPP ta Dokta Azikiwe 16, GNPP ta Alhaji Waziri Ibrahim 8, PRP kuma 7. A majalisar wakilai mai kujeru 449, NPN ta samu 168, UPN 111, NPP 78, PRP 49, GNPP 43.

A zaɓen shugaban ƙasa na ranar 11 ga watan Agusta, Alhaji Shehu Shagari na NPN ya zo na ɗaya da kimanin kashi 34 cikin ɗari na ƙuri'u. Malam Aminu ya zo na huɗu da kashi 10, sai dai a Jihar Kano ya samu kusan kashi uku cikin huɗu.

Wannan farin jini nasa a Kano shi ne tushen shari'ar da ta biyo baya. Doka ta ce sai ɗan takara ya samu rubu'in ƙuri'u a kashi biyu cikin uku na jihohi 19. Shagari ya cika sharaɗin a jihohi 12, amma a Kano, wadda ita ce ta 13, ya tsaya a ƙasa da kashi 20. Kotun Ƙoli ta amince da hujjar lauyan NPN, Cif Richard Akinjide, cewa abin da ake buƙata jihohi 12 ne da kashi biyu cikin uku na jiha ta 13, ta kuma tabbatar da zaɓen a ƙarshen watan Satumba.

PRP ta ci kujerar gwamna a jihohi biyu. Alhaji Muhammadu Abubakar Rimi ya hau a Kano da gagarumin rinjaye a majalisar jiha, Alhaji Abdulƙadir Balarabe Musa kuma ya hau a Kaduna, inda NPN ke riƙe da kusan kashi biyu cikin uku na kujerun majalisa. Suna kama aiki a watan Oktoba suka soke haraji da jangali, alƙawarin da ya samo asali tun zamanin NEPU.

Yarjejeniyar NPN da NPP

Sabon tsarin mulkin irin na Amurka ne, don haka shugaban ƙasa ba ya buƙatar rinjaye a majalisa kafin ya hau mulki. Sai dai yana buƙatarsa domin a tabbatar masa da ministoci, a amince da kasafin kuɗi, a kuma zartar da dokoki.

Shagari ya gayyaci sauran jam'iyyun huɗu su shigo gwamnati. NPP ce kaɗai ta amsa a hukumance, aka ƙulla yarjejeniya dab da rantsar da shi ranar 1 ga watan Oktoba. Kamar a 1959, jam'iyyar Dokta Azikiwe ta sake zaɓar jam'iyyar da ta fi ƙarfi a Arewa a kan ta Cif Awolowo.

Haɗuwar ta ba su kujeru 52 a majalisar dattawa da 246 a ta wakilai. NPP ta samu muƙamin kakakin majalisar wakilai, wanda aka ba Edwin Ume-Ezeoke, da na mataimakin shugaban majalisar dattawa, wanda aka ba John Wash Pam, da kuma wasu ministoci, cikinsu har da Farfesa Ishaya Audu a ma'aikatar harkokin waje.

Zaman dai ya kasance na doya da manja. NPP na ƙorafin cewa ba a tuntuɓar ta kan manyan shawarwari, NPN kuma na cewa 'yan majalisar NPP na cin moriyar gwamnati suna kuma kaɗa ƙuri'a tare da 'yan adawa, musamman a taƙaddamar dokar rabon arzikin ƙasa tsakanin tarayya da jihohi.

Santsi da Taɓo

PRP ba ta shiga yarjejeniyar ba, amma tambayar wa za a bi, wa za a guje wa, ita ce ta raba ta biyu. Gwamnoni tara na jam'iyyun da ba sa cikin gwamnatin tarayya, biyar na UPN, biyu na GNPP da biyu na PRP, sun fara wani taro na kai-da-kai domin tunkarar NPN.

Malam Aminu da na kusa da shi sun ɗauki taron a matsayin wata hanya ta shigar da PRP aljihun Cif Awolowo. Mutumin da ya ga yadda babbar abokiyar ƙawance ta yi ciniki da kujerun NEPU a 1959 yana da dalilin yin taka-tsantsan. Uwar jam'iyya ta umarci gwamnonin biyu su daina halartar taron.

Rimi da Balarabe Musa suka ƙi. A nasu ganin, NPN ce magajiyar NPC, kuma wasu shugabannin PRP, irin su sakataren jam'iyya Sam Ikoku da Sanata Sabo Bakin Zuwo, suna neman kai jam'iyyar ga yi wa gwamnatin Shagari aiki ta bayan fage. A 1980 aka kori gwamnonin daga jam'iyya, su kuma suka kafa nasu ɓangaren ƙarƙashin tsohon ɗan ƙwadago Cif Michael Imoudu.

A Kano aka riƙa kiran ɓangaren gwamnoni 'yan Santsi, masu biyayya ga Malam Aminu kuma 'yan Taɓo. FEDECO ta amince da ɓangaren Malam a matsayin halastacciyar PRP. Rabuwar ta ratsa unguwannin birni da ƙauyuka, ta shiga tsakanin mutanen da suka sha ɗauri tare a zamanin En'e.

Makonni uku na 1981

A tsakiyar 1981 abubuwa suka rincaɓe a jere. Ranar 23 ga watan Yuni majalisar dokokin Kaduna ta tsige Balarabe Musa, wanda ya shafe kusan shekaru biyu ba tare da majalisar ta amince masa da kwamishinoni ba. Shi ne gwamnan farko da aka tsige a tarihin Najeriya.

A farkon watan Yuli NPP ta ba da sanarwar wata shida ta ficewa daga yarjejeniyarta da NPN. NPN ta ce ba sai an jira ba, a rabu nan take. Wasu ministocin NPP sun ajiye aiki, wasu kuwa, ciki har da Farfesa Ishaya Audu, suka zaɓi ci gaba da zama a gwamnati. Ƙawancen ya mutu yana da wata 21.

A Kano kuma dangantaka ta riga ta yi tsami tsakanin gwamnati da fada, bayan da Rimi ya ɗaga darajar wasu sarakunan da ke ƙarƙashin masarautar Kano, ciki har da na Rano da Gaya da Ƙaraye, zuwa sarakuna masu cin gashin kansu. Takardar tuhumar da gwamnatinsa ta aika wa Sarkin Kano Alhaji Ado Bayero ta haddasa tarzomar ranar 10 ga watan Yuli, inda aka ƙona gine-ginen gwamnati, aka kuma kashe mai ba gwamna shawara kan harkokin siyasa, Dokta Bala Muhammad.

Bayan rabuwa da NPN, NPP ta koma wajen UPN da ɓangarorin GNPP da PRP da suka ɓalle, suka kafa ƙawancen PPA a 1982. Shi ma bai kai labari ba, domin an kasa daidaitawa kan wanda zai janye wa wani tsakanin Awolowo da Azikiwe.

Rasuwarsa

Malam Aminu ya shirya sake tsayawa takarar shugaban ƙasa a 1983, ya kuma zaɓi mace, Uwargida Bola Ogunbo, a matsayin mataimakiyarsa. Allah bai nufa ya ga zaɓen ba. Ya rasu ranar 17 ga watan Afrilun 1983 yana da shekaru 62, aka binne shi a gidansa da ke unguwar Gwammaja a Kano.

Watanni huɗu bayan rasuwarsa Sabo Bakin Zuwo na PRP ya kayar da Rimi, wanda ya tsaya a ƙarƙashin NPP, a zaɓen gwamnan Kano. Da ya hau mulki ya soke sababbin masarautun, Rano ta koma ƙarƙashin Kano. Ranar 31 ga watan Disamba soja suka kifar da Jamhuriya ta Biyu.

Batun masarautun dai bai kwanta ba. An sake ƙirƙiro masarautar Rano a 2019, aka rushe ta a watan Mayun 2024, sannan a cikin shekarar aka yi dokar da ta mayar da ita masarauta mai daraja ta biyu da ta ƙunshi ƙananan hukumomin Rano da Bunkure da Kibiya.

Har yanzu masana tarihi da tsofaffin 'yan gwagwarmaya na saɓani kan matakan da Malam Aminu ya ɗauka. Wasu na ganin karɓar muƙami a 1959 ya rage wa NEPU kwarjini a idon talaka, kuma hana gwamnoni haɗa kai da sauran 'yan adawa a 1980 NPN ya amfana. Wasu kuwa na ganin a karo na biyu darasin karo na farko ya yi aiki da shi, na cewa ƙaramar jam'iyyar da ta shiga inuwar babba ba ta da bakin magana ranar da za a zauna rabon muƙamai.

Abin da ɓangarorin biyu suka yi ittifaƙi a kai shi ne bai tara dukiya ba, duk da shekaru bakwai da ya yi yana kwamishinan tarayya. An sanya sunansa a filin jirgin saman Kano da asibitin koyarwa na birnin, gidansa na Gwammaja kuma ya zama cibiyar nazarin dimokuraɗiyya ta Mambayya, a ƙarƙashin Jami'ar Bayero.